Yadda Ake Ƙalubalantar Umarnin Dakatarwa Na Wucin Gadi A Kotu

A duk lokacin da damina ta kawo jiki, rigingimun gonaki kan yawaita a kotuna, kuma sau da yawa manomi kan wayi gari da takardar kotu wadda ta hana shi shiga gonar da yake nomawa, alhali bai ma san an kai ƙararsa ba. Don haka muka ga ya dace mu yi wa jama'ar karkara, da masu unguwanni, da dagatai, da ma'aikatan ƙananan hukumomi bayani dangane da irin wannan umarni da yadda ake neman a janye shi.

Umarnin dakatarwa ba hukunci ba ne. Manufarsa ita ce a bar abin da ake jayayya a kansa yadda yake har kotu ta saurari shari'a. Iri biyu ne: akwai wanda alƙali kan bayar bayan ya ji ɓangarorin biyu, wanda kan tsaya har ƙarshen shari'a, akwai kuma wanda ake bayarwa cikin gaggawa bisa bayanin mai ƙara shi kaɗai. Wannan na biyu shi ne ya fi jawo koke-koke. A shari'ar Kotoye da Babban Bankin Nijeriya ta 1989, Kotun Ƙoli ta bayyana cewa ba a bayar da shi sai da gaggawa ta haƙiƙa, kuma na ɗan lokaci ne kawai kafin a saurari ɗaya ɓangaren. Har ila yau ana bukatar mai nema ya ɗauki alkawarin biyan diyya idan ta bayyana cewa bai cancanci samun umarnin ba.

Wanda aka ba da umarni a bayan idonsa, matakinsa na farko shi ne ya koma kotun da ta bayar, ya shigar da takardar roƙo tare da takardar rantsuwa, yana neman a soke shi ko a sassauta. Daga cikin hujjojin da kotu kan karɓa akwai ɓoye gaskiya: misali mai ƙara ya ce shi ke riƙe da gona, alhali wanda ake ƙara ne ya share ta ya yi shuka. Haka kuma idan mai ƙara ya daɗe da sanin matsalar ya yi shiru, ba zai zo daga baya ya ce gaggawa ce ba. A nan muna jan hankalin manoma da su adana takardun ciniki ko na rabon gado, domin damina ba ta jiran ranar zaman kotu, kuma wanda aka hana shi noma a watan Yuli ya yi asarar shekara ko da ya yi nasara daga baya.

Idan Babbar Kotu ta saurari kowa sannan ta ba da umarnin ko ta ƙi bayarwa, sashe na 241 na Kundin Tsarin Mulki na 1999 ya ba wanda bai gamsu ba damar zuwa Kotun Ɗaukaka Ƙara ba tare da neman izini ba. Sai dai wa'adin kwana 14 ne kacal, ba wata uku ba kamar na hukuncin ƙarshe. Kotun Ɗaukaka Ƙara ba ta rushe umarni don kawai ra'ayinta ya bambanta da na alƙalin farko. Sai an nuna ya kauce wa ƙa'ida ko ya yi watsi da hujja mai muhimmanci.

Ya kamata a sani cewa umarni yana aiki muddin ba a soke shi ba, ko da ana ganin kuskure ne. Wanda ya saɓa masa, akan miƙa masa fom na 48 na gargaɗi, sannan fom na 49 domin ya bayyana dalilin da zai hana a tsare shi saboda raina kotu. Wannan ya haɗa da jami'an gwamnati, domin a shari'ar Gwamnan Legas da Ojukwu ta 1986 Kotun Ƙoli ta tsawata wa gwamnati kan amfani da ƙarfi alhali magana tana gaban kotu. Saboda haka dagaci ko jami'in filaye da aka kawo wa irin wannan takarda ya dakatar da duk wani rabo ko awon filin, ya kuma sanar da sashen shari'a na ƙaramar hukumarsa ba tare da ɓata lokaci ba.