Fure a Tukunya: Daga Ina Aka Ɗebo Ƙasar?

 Yau zancen shuka fure a tukunya za mu yi, musamman don 'yan'uwanmu na Bagega da ƙauyukan Anka da Bukkuyum da Gummi, waɗanda ba sa fita gona amma suna sha'awar ganin ɗan kore a tsakar gida.

Akwai wani fure da kike gani a hoton kalanda, fari ko ruwan hoda, faɗinsa kamar tafin hannu, Turawa na ce masa lili. Mai ƙamshin nan asalinsa daga Japan ne, kuma daga kai yake tsirowa kamar albasa. Sai dai kan nasa sai ya sha sanyi na makonni, irin sanyin firiji, kafin ya yarda ya yi fure. Zafin bazararmu kuwa dafa shi zai yi. Don haka kada ki ɗora wa maigida wahalar nemansa. Muna da namu da ya san ƙasarmu, wato albasar kwaɗi da danginta da ake kira gadali. Furenta fari ne da ratsin ja, ga kyau ga haƙuri da rani.

Shukarta ba wuya. Ki sami tsohuwar tukunya ko bokiti, ki huda gindin, ki jera tsingaro a ƙasa don ruwa ya riƙa tsiyayewa. Ki haɗa ƙasa da yashi da busasshen taki wanda ya daɗe, ki binne kan, amma ki bar wuyansa a waje. Ki ajiye inda hantsi ke taɓawa, kamar bakin rumfa. Ƙuryar ɗaki mai duhu ba ta yi mata. Kafin ki ƙara ruwa ki tsoma yatsa. In da danshi, ki bari sai gobe, don yawan ruwa ke ruɓar da kan. Da rani ganyen zai bushe, kada ki ce ta mutu. Barci take yi, da damina ta faɗi za ki ga ikon Allah.

To, yanzu ga inda nake so ki buɗe kunne da kyau. Ita ƙasar, daga ina?

Ba sai na tuna wa matan wannan yanki abin da ya faru a 2010 ba, lokacin da aka gano gubar dalma a Dareta da Abare da 'Yargalma da sauran ƙauyuka. Yara fiye da 400 suka rasu, Allah ya jiƙan su. Duwatsun zinariya da ake kawowa gida a daka, a niƙa, a shanya, su ne suka bar ƙurar dalma a tsakar gidaje. Bagega sai a 2013 aka yi mata aikin sharewa: aka kankare ƙasar sama aka kai rami aka binne, aka zubo mai tsabta. Ita dalma ba ta ruɓewa kamar taki, ba ta da wari, ido kuma ba ya ganin ta. Inda ta zauna, shekara da shekaru tana nan.

Saboda haka kada ki haƙa tsakar gidanki don cika tukunya, kada ki tono abin da aka rufe. Kada a ɗebo miki daga inda aka taɓa niƙa dutse ko wanke shi, ko bakin kududdufi, ko ɓaraguzan tsohuwar katanga. Ki roƙi maigida ya sa a kawo daga gona mai nisa da wurin aikin zinariya, a cikin sabon buhu. Buhu ko daro ko turmin da ya taɓa ɗaukar dutsen nan, ba na shuka ba ne, balle na abinci.

Wata za ta ce, ai fure ba ci ake yi ba. Gaskiya ne, Hajiya. Amma mai rarrafe fa? Hannu cikin tukunya, daga nan sai baki, kuma yara 'yan ƙasa da shekara 5 su dalma ta fi yi wa illa, har ta taɓa ƙwaƙwalwa. Ki ɗora tukunyar bisa inda hannunsu bai kai ba. In za ki gauraya ƙasa ki yayyafa ruwa tukuna don kada ƙura ta tashi, in kin gama ki wanke hannu da sabulu kafin ki ba da nono. Yaron da ke yawan amai da ciwon ciki da kasala, ko ya fara jijjiga, a kai shi asibiti a Anka, ban da jira.

Sannan kan albasar kwaɗi shi ma guba ne in an ci, ga shi ya yi kama da albasar miya. Kada ya kwana kusa da madafi, kada 'yar aike ta yanka shi cikin tukunyar da ba tasa ba.

A huta lafiya, sai mako mai zuwa in Allah ya kai mu.