Yunwar 2005 a ƙasar Agiye: wa ya faɗa, wa ya ɓoye?

Daminar 2004 ba ta yi kyau ba a Nijar. Ruwa ya ɗauke da wuri, fārin dango kuma suka bi ta wasu gonaki. A ƙarshen wannan shekara aka yi zaɓe, Shugaba Mamadu Tanja ya sake samun kujerarsa da ƙuri'un talakawa, ciki har da na manoman Agiye, Gazawa da Gidan Rumji.

Kafin damina ta zagayo, rumbuna sun bushe. Abin mamaki, jihar Maraɗi ita ce rumbun ƙasa, kuma hatsi bai yanke a kasuwa ba; tsadarsa ce ta fi ƙarfin talaka. Da farko hukuma ta tsaya ga sayar da cimaka a kan farashi mai rahusa, tana gudun rabon kyauta ya ɓata kasuwa. To, wanda ya riga ya sayar da akuyarsa ta ƙarshe, da me zai saya? Mata suka koma cin ganyaye da anza, suna goya yara masu tamowa zuwa cibiyoyin ƙungiyar likitoci ta MSF a Maraɗi da Agiye.

Cikin watan Yuli na 2005 wakilan BBC suka nuna wa duniya hotunan yaran Maraɗi. Sai ga jiragen agaji suna sauka, aka kuma fara rabon kyauta a watan Agusta. Duk da haka Shugaba Tanja ya ce babu yunwa a ƙasar, ƙarancin cimaka ne kawai. A 2006 hukuma ta hana wata tawagar BBC ci gaba da ɗaukar labarin, a 2008 kuma ta dakatar da aikin reshen MSF na Faransa a Maraɗi.

Tsoron kalmar yunwa yana da asali. Magabata ba su manta ba cewa cikin bala'in fari ne Seyni Kunce ya kifar da gwamnatin Jori Hamani ranar 15 ga Afrilu 1974, bisa zargin yin sakaci da kayan agaji. Amma ɓoyon ya tauye wa manomi haƙƙinsa, domin mai ƙuri'ar da ba a gaya masa gaskiyar abin da ke cikin rumbun ƙasa ba, ba shi da ma'aunin da zai auna shugabanninsa.

A 2010 wani fari ya sake dawowa. Sojojin da suka sauke Tanja ranar 18 ga Fabrairu suka fito fili suka ce akwai barazanar yunwa, suka nemi taimakon ƙasashen duniya tun kafin damina.