Otakar Vavra: Mai Shirya Sinima Da Ya Ga Gwamnatoci Iri-Iri

A ƙasar da a da ake kira Cekosulobakiya, kafin a raba ta gida biyu a shekarar 1993, an yi wani gwanin shirya wasan sinima mai suna Otakar Vavra. An haife shi a garin Hradec Kralove a 1911, ya mutu a birnin Prag a 2011, yana da shekara 100. A tsawon wannan rayuwa mulkin ƙasarsa ya juya sau da dama, kuma kowace gwamnati ta zo ta tarar da shi a bakin aikinsa.

Ya fara fitar da manyan finafinai a 1937. Da sojojin Hitila suka mamaye ƙasar a 1939, bai gudu ba, ya ci gaba da shirya finafinan soyayya. Bayan yaƙi, a 1945, gwamnati ta karɓe sana'ar sinima baki ɗaya, ya zamana ba mai shirya fim sai da kuɗinta da izininta. Vavra na cikin waɗanda suka goyi bayan wannan mataki, ya kuma shiga jam'iyyar Kwaminis, wadda ta kama mulki a 1948.

Daga 1954 ya fitar da finafinai uku a jere game da Jan Hus, malamin addinin Kirista da aka ƙona a 1415, da kuma yaƙe-yaƙen mabiyansa. Amma an tsara labarin ne yadda mahukunta ke so, wato faɗa tsakanin talakawa da masu dukiya.

Sai dai mutumin nan yana da wata fuska. Shi ne ya daɗe yana koyarwa a makarantar sinima ta Prag, wadda ake kira FAMU. Cikin ɗalibansa akwai Vera Chytilova da Jiri Menzel, wanda fim ɗinsa ya ci kyautar Oska ta Amurka a 1968. A watan Agusta na wannan shekara ne tankokin Tarayyar Sobiyet suka shigo Prag, suka murƙushe yunƙurin sassauta mulki.

Ana cikin wannan hali, a 1970, aka fara nuna fim ɗin da ya fi kowanne ɗaga sunansa, mai suna Gudumar Mayu. Labari ne na gaskiya a kan wani alƙali, Boblig, wanda ya yi ta kama mutane a yankin Morabiya wajen 1680 bisa zargin maita. Ana azabtar da su har su amsa laifin da ba su yi ba, a ƙone su, a ƙwace dukiyarsu. Babu ɗan ƙasar da bai gane inda aka dosa ba, domin a 1952 an gurfanar da manyan 'yan jam'iyya 14 a Prag, an tilasta musu amsa laifin cin amanar ƙasa, an rataye 11.

Duk da haka, lokacin da aka hana Chytilova aiki na wasu shekaru, aka kuma kulle wani fim na Menzel har 1990, shi Vavra sai aka ba shi kuɗi masu yawa ya shirya finafinan yaƙi masu yabon sojojin Rasha.

Mulkin Kwaminis ya faɗi a 1989. A 2004 shugaban ƙasa Vaclav Klaus ya ba Vavra lambar girma, aka kuwa yi ta ka-ce-na-ce. Waɗansu suka ce mai bin iska ne. Waɗansu suka ce da bai sunkuya ba, da ba a sami makarantar da ta haifi gwanayen nan ba, da kuma ba a ga Gudumar Mayu ba. Har yanzu mutanen Cek ba su daidaita a kan wannan magana ba.