Yadda Telebijin Ya Raba Masu Wasan Takarda Da Sana'arsu A Japan

Duk wanda ya ga yadda littattafai da finafinan zane na ƙasar Japan suka game duniya, zai zaci a manyan kamfanoni aka haife su. Alhali kuwa wani sashe na tushensu a bayan keke yake, cikin lungunan birnin Tokyo.

A farkon shekarun 1930, sa'ad da tattalin arzikin duniya ya karye, mutane da yawa sun rasa aikin yi. Sai waɗansunsu suka kama wata sana'a da ake kira kamishibai, watau wasan takarda. Mutum zai ɗaure ɗan akwatin katako a bayan kekensa, ya shiga unguwa yana kaɗa 'yan sanduna biyu don kiran yara. Da sun taru sai ya sayar musu da alewa, domin ita ce kuɗin kallo. Wanda ya saya shi ne a sahun gaba, wanda bai saya ba kuwa sai leƙe daga baya. Sa'an nan ya riƙa zare allunan zane ɗaya bayan ɗaya yana ba da labari, nan ya yi muryar jarumi, can ta mugu. Labari na kaiwa inda ya fi daɗi sai ya rufe akwati, ya ce sai gobe. Lalle wannan dabara ta ɗan kasuwa ce, amma yara ba su yi fushi da ita ba.

Hukuma ma ta gane ƙarfin abin, har ta yi amfani da shi wajen farfagandar Yaƙin Duniya na Biyu.

A shekarar 1953 gidan NHK ya fara watsa shirye-shiryen telebijin. Abin tausayi, sunan da mutane suka laƙaba wa sabon akwatin shi ne wasan takarda na lantarki. Kafin a ankara yara sun daina fitowa in sun ji sanduna, masu keke suka watse neman wata hanyar abinci.

Masu zana allunan ne suka fi tsira, domin waɗansunsu sun koma zana littattafan da ake kira manga. Daga cikinsu akwai Shigeru Mizuki, wanda ya rasa hannunsa na hagu a yaƙi, ya yi zanen kamishibai a birnin Kobe, daga baya ya yi suna da labarin wani yaron aljanu mai suna Kitaro. A shekarar 1968 labarin nan ya fito a telebijin, cikin akwatin da ya kashe sana'arsa ta farko.