Abin Da Ke Sa Filash Ya Yi Zafi Ya Mutu

A Gafasa da sauran ƙauyukan Ajingi da Gaya, filash da memori sun shiga gidaje da yawa. Ana sa su a rediyo ko a waya don sauraron karatun Alƙur'ani da tafsiri da waƙoƙi. Wasu a ciki suke ajiye hoton takardar gona da takardun makarantar yara. Kwatsam sai filash ya ɗau zafi, rediyo ya daina karanta shi.

Filash ya shigo kasuwa a shekarar 2000. A cikinsa akwai abu biyu. Na farko shi ne rumbu, inda ake zuba kaya. Na biyu shi ne ma'aji, wanda masu gyara ke kira kwantirola. Shi ya san inda aka ajiye kowane abu. Yana aiki da umarnin da kamfani ya rubuta masa. In umarnin ya rikice, kaya na nan a rumbu amma babu mai fito da su.

Abu uku ke yawan jawo wannan. Na ɗaya zafi. A bazara zafin Kano kan wuce digiri 40, ga shi ana barin rediyo a rana. Na biyu wuta marar kyau. Filash bolt 5 yake ci, jabun caja kuwa kan ba shi fiye da haka. Na uku fizge shi ana cikin tura masa kaya.

In filash ya yi zafi, a kashe rediyo, a zare shi, a bar shi ya huce a inuwa. Kada a sa shi a ruwa. In ya huce, a gwada shi a wata na'ura. In ya buɗe, a kwashe abin da ke ciki nan take.

In kwamfuta ta nemi a wanke shi, kada a yarda tukuna. Mai gyara na iya sake masa umarni, amma hakan kan share komai. A tambaye shi kafin ya taɓa.

Takarda mai muhimmanci a ajiye ta wuri biyu, ta asali kuma a adana ta a akwati. Rigakafi ya fi magani.