Allon Roba: Gara Ta Haƙura, Rana Ba Ta Haƙura Ba

Na gaji da maganar da wasu dillalan kayan gini ke yaɗawa, wai allon roba na PVC da ake shimfiɗawa a baranda ko gefen wurin ninƙaya na otal ba ya mutuwa: ruwa ba ya cin sa, gara ba ta cin sa, rana ba ta taɓa shi, kai har wuta ma wai shakkarsa take yi. Biyun farko gaskiya ne. Sauran daɗin baki ne na mai neman kuɗinka.

Shi PVC, kusan kashi 57 cikin ɗari na nauyinsa sinadarin kulorin ne da ake samu daga gishiri, ragowar daga man fetur ko iskar gas. A masana'anta ana gauraya garinsa da magungunan kariya, a narka, inji ya turo shi ta bakin ƙarfe ya fito dogon allo, cikinsa kumfa mai tauri, bayansa ɓawo mai zanen katako. Babu ƙwayar itace a ciki, don haka gara ba ta da abin ci. Kasuwarsa ta fi ƙarfi a Amurka, inda aka saba da dandamalin katako a bayan gida. Can kamfanin TimberTech kan ba da garantin shekara 50 a kan koɗewar launi, amma da sharaɗin a kafa allon yadda suka tsara. Wannan sharaɗin ne dillali ba ya karanta maka.

Roba dai roba ce. Ta ji zafi ta miƙe, ta ji sanyi ta tsuke. Allo mai tsawon mita 5 yana iya motsawa kusan santimita ɗaya tsakanin asubahin hunturu da tsakar ranar Afrilu. Kafintan da ya manne kan allon da bango ya hana shi wurin miƙewa, sai ya gantsare ko ya cire kusa. A Sakkwato ko Maiduguri, inda zafi kan haura digiri 40 a inuwa, allo mai duhun launi da rana ta daka yana wuce haka nesa, har yaro ba ya iya taka shi ba takalmi. Shi kuwa PVC yana fara laushi ne a wajen digiri 80. To ina rashin mutuwar?

Batun wuta ya fi ɓata mini rai. Gaskiya ne kulorin yana sa ya yi wuyar kamawa, kuma yakan mutu idan aka janye harshen wutar. Amma garwashi ɗaya ya isa ya ɓata shi, kuma hayaƙinsa guba ne mai ƙona ido da huhu, yana kuma iya fitar da sinadarin dayoksin mai haddasa ciwon daji. Duk da haka za ka ga leburori sun tara guntayen da suka rage suna jin ɗumi da su, wani ma ya babbake ƙafar saniya a kai. Haba jama'a! Wannan ai cutar da kai ne da maƙwabta.

Mai niyyar saye ya zaɓi launi mai haske, in da hali ya yi rumfa. Ya ɗaga allon ya duba kaurinsa, domin akwai masu sayar da na silin ko na bango a matsayin na takawa, alhali wancan ba ya ɗaukar nauyin mutum. Allon ba ginshiƙi ba ne: sandunan ƙarƙashi kada tazararsu ta wuce santimita 40, kuma in katako ne a sa masa maganin gara, tunda ita ba ta yafe masa ba. A bar tazarar da takardar kamfani ta faɗa, a yi amfani da sukurun da ba sa tsatsa. Hajiya, kaskon turaren wuta da murhun gawayi a ɗora su a kan siminti. Tabarmar roba ma takan bar tabo idan ta daɗe a wuri guda. Wanki kuwa ruwa da sabulu da buroshi mai laushi sun wadatar, ban da fetur ko tina.

Akwai kuma batun dalma a cikin magungunan kariyar allon, wadda masana'antun Turai suka daina sawa tun 2015. Ka tambayi dillali ƙasar da aka yi allon, ya nuna maka a rubuce.