Wasannin “kyauta” na wata-wata a PlayStation: Abin da ya kamata a sani kafin a biya

A ranar Talatar farko ta kowane wata, kamfanin Sony na ƙasar Japan yakan saki wasannin bidiyo, galibi guda uku, ga waɗanda suka yi rajista da tsarinsa na PlayStation Plus. Labarin yakan bazu a shafukan sada zumunta da sunan “wasannin kyauta”, har ya iso ga matasan Minna da na garuruwan kewaye irin su Gwada da ke Ƙaramar Hukumar Shiroro a Jihar Neja.

Ga matashin da ya tara kuɗi ya sayi na'ura, ko mai gidan gem da ke karɓar kuɗi a kan kowane wasan ƙwallo, ko uban da ɗansa ya dame shi da roƙo, tambayar ɗaya ce: shin kyautar ta gaskiya ce, kuma ta cancanci kuɗin da ake kashewa kafin a same ta?

Yadda tsarin yake aiki

PlayStation Plus rajista ce da ake biya wata-wata, ko duk wata uku, ko shekara-shekara, kamar yadda ake biyan kuɗin tashoshin tauraron ɗan'adam. Wanda ya biya yana samun abubuwa uku: damar karawa da wasu mutane ta intanet, wurin ajiyar bayanan wasansa a rumbun kamfanin, da kuma wasannin da ake bayarwa a kowane wata.

Wasannin kan zauna kimanin wata ɗaya a jiran mai ɗauka. Dole ne mai rajista ya shiga ya sanya su a cikin kundin asusunsa kafin wa'adin ya cika. Idan ya yi haka, suna nan a asusunsa ko da bai sauke su a ranar ba. Idan ya bari wata ya wuce, damar ta wuce ke nan.

Sharaɗin da mutane da yawa ba su lura da shi ba shi ne, wasannin suna buɗewa ne kawai matuƙar rajistar tana da rai. Ranar da kuɗi ya ƙare, alamar kwaɗo za ta bayyana a kan kowannensu, ko da kuwa suna cikin na'urar. Ba a goge su daga asusun, kuma za su sake buɗewa idan an sabunta biya, amma ba su taɓa zama mallakar mai na'urar ba. A taƙaice, haya ce ake yi, kuma Hausawa sun ce kayan aro ba ya rufe katara.

Asalin tsarin

Sony ya ƙaddamar da PlayStation Plus a watan Yunin 2010, a zamanin na'urar PlayStation 3. A lokacin, karawa ta intanet ba ta buƙatar biya, don haka wasannin wata-wata da rangwamen farashi su ne abin jan hankali. Al'amarin ya sauya a Nuwamban 2013 da fitowar PlayStation 4, inda rajistar ta zama wajibi ga mai son karawa ta intanet a yawancin wasannin da ake saya.

A watan Yunin 2022 kamfanin ya raba tsarin gida uku. Matakin farko, mai suna Essential, shi ne ke ɗauke da wasannin wata-wata. Na biyu, Extra, ya ƙara da kundin ɗaruruwan wasanni da ake shigarwa ana cirewa lokaci zuwa lokaci. Na uku, Premium, ya haɗa da tsofaffin wasanni da gwajin sababbi. Alƙaluman kamfanin sun nuna cewa masu rajista sun kai miliyan 47.4 a ƙarshen Maris na 2023.

Akwai kuma sauyin da ya shafi wannan yanki kai tsaye. A 2019 Sony ya daina bayar da wasannin PlayStation 3 a cikin rabon wata, sannan a farkon 2025 ya sanar da cewa daga Janairun 2026 zai karkata ga PlayStation 5, wasannin PlayStation 4 kuma za su riƙa zuwa jefi-jefi. Da yake tsofaffin na'urori na hannu ne suka fi sauƙin saye a kasuwannin Najeriya, mai irin wannan na'ura yana iya biyan cikakken kuɗi ya tarar da cewa rabon watan ba ya aiki a kan tasa.

Kamfanin Microsoft, mai na'urar Xbox, ya gudanar da makamancin wannan shiri mai suna Games with Gold daga 2013, ya kuma rufe shi a Satumban 2023, ya maye gurbinsa da ƙayyadadden kundin wasanni a ƙarƙashin Game Pass.

Me kamfanoni ke samu?

Banza ba ta kai zomo kasuwa. Kuɗin rajista yana shigo wa kamfani a kai a kai, saɓanin cinikin faifai da ke jiran fitowar sabon wasa. Haka kuma, duk lokacin da kundin mutum ya ƙara girma, barin tsarin yana ƙara yi masa wuya, domin wanda ya tara wasanni na shekara uku ya san cewa ranar da ya daina biya duka za su rufe.

Su ma masu ƙirƙirar wasannin suna da riba. Wasan Rocket League ya fito ta wannan hanya a Yulin 2015, Fall Guys kuma a Agustan 2020, dukkansu suka yi suna a duniya cikin ɗan lokaci saboda miliyoyin mutane sun same su a rana ɗaya. Bayan haka akwai cinikin cikin wasa, inda ake sayar da 'yan wasa, tufafi da ƙarin matakai da kuɗin gaske.

Wasan ƙwallon ƙafa, wanda shi ne jigon gidajen gem a ƙasar Hausa, misali ne mai kyau. FIFA 22 ya shiga rabon wata a Mayun 2022, EA Sports FC 24 kuma a Mayun 2024. A duka biyun an bayar da wasan ne lokacin da kakar ƙwallon Turai ke ƙarewa, saura watanni kaɗan sabon fitowa ya maye gurbinsa. Mai shagon da kwastomominsa ke neman sababbin 'yan wasa da sababbin riguna ba zai iya jiran wannan rabo ba.

Matsalar asusu da hanyar biya

Najeriya ba ta cikin jerin ƙasashen da ake zaɓa yayin buɗe asusun PlayStation, alhali Afirka ta Kudu tana ciki. Saboda haka 'yan Najeriya sukan buɗe asusu da sunan Amurka, Ingila ko wata ƙasa. Wannan zaɓi yana da nauyi, domin ba a sauya ƙasar asusu bayan an buɗe shi, kuma shagon kamfanin ba ya yawan karɓar katin banki na ƙasar da ba ta dace da ta asusun ba.

Mafitar da aka fi bi ita ce sayen katin cike asusu daga dillalai, wato lambobin da ake shigarwa kamar katin waya. Katin Amurka ba ya aiki a asusun Ingila, haka na Ingila ba ya aiki a na Amurka, kuma dillali ba ya yawan mayar da kuɗi idan mai saye ne ya yi kuskure. Dillalin kuma yana ɗora ribarsa a kan farashin dala.

Lissafin kuɗi

A Amurka, farashin matakin farko ya kasance dala 9.99 a wata a 2023. A Satumban 2023 Sony ya ƙara kuɗin shekara daga dala 59.99 zuwa 79.99, na Extra ya koma 134.99, na Premium kuma 159.99. Ƙarin ya zo ne watanni uku bayan da Babban Bankin Najeriya ya saki farashin naira a Yunin 2023, abin da ya sa dala ta haura naira 1,500 a 2024.

Idan aka lissafa dala a kan naira 1,500, rajistar shekara ta matakin farko ta kai kimanin naira 120,000, wato fiye da mafi ƙarancin albashi na naira 70,000 da aka amince da shi a 2024. A kan farashin dala 9.99, wanda ke biya wata-wata zai kashe kusan naira 15,000 a wata, ko 180,000 a shekara. A ɗaya gefen, sabon babban wasa na PlayStation 5 yakan kai dala 69.99, don haka wanda ya sami wasanni biyu ko uku da yake so da gaske a cikin kusan 36 na shekara ya mayar da kuɗinsa. Sai dai ba shi ke zaɓen abin da za a ba shi ba.

Kuɗin rajista ba shi ne ƙarshen kashewa ba. Wasannin ba sa zuwa a faifai, sauke su ake yi, kuma manyan cikinsu sukan kai gigabait 50 zuwa fiye da 100. A layin da ke gudun megabit 10 a daƙiƙa, wasa mai gigabait 50 zai ɗauki kimanin sa'o'i 11, idan layin bai yanke ba. Wannan na zuwa ne bayan Hukumar Sadarwa ta Ƙasa ta amince da ƙarin kuɗin kira da na data da ya kai kashi 50 cikin 100 a Janairun 2025.

Sai kuma batun wuta. Gwada, garin da ya yi suna da kasuwar doya a kan hanyar Minna zuwa Kuta, yana ƙaramar hukuma ɗaya da madatsar ruwa ta Shiroro, wadda aka ƙaddamar a 1990 da ƙarfin megawat 600. Amma wutar da madatsar ke samarwa tana shiga babban layin ƙasa ne, daga can ake rarraba ta, don haka kusanci da madatsa ba ya tabbatar wa gari wuta ba yankewa. PlayStation 5 tana jan kimanin wat 200 yayin wasa, ban da talabijin da fanka, kuma tun bayan cire tallafin man fetur a Mayun 2023 kowace sa'a a kan janareta tana da tsada.

Wa tsarin zai amfana?

Wanda zai fi cin moriyarsa shi ne mai PlayStation 5 da ke da intanet mai ƙarfi a gida, yana son gwada wasanni iri-iri, yana kuma karawa da abokai ta intanet. Irin wannan mutum zai biya kuɗin rajistar ko babu rabon wata, don haka wasannin ƙari ne a gare shi.

Mai gidan gem lissafinsa daban ne. Kwastomominsa suna zaune ne gefe da gefe a gaban talabijin ɗaya, kuma irin wannan karawa ba ta buƙatar rajista ko intanet. Faifan da ya saya sau ɗaya zai yi masa aiki har ya tsufa, yana kuma iya sayar da shi ko ya yi musaya. Bugu da ƙari, ƙa'idojin kamfanin sun tanadi asusun ne don amfanin mutum na kansa, ba don kasuwanci ba.

Ya kamata kuma a san cewa wasannin da asalinsu ba a sayarwa, irin su eFootball na kamfanin Konami da Fortnite, ba sa buƙatar PlayStation Plus kafin a kara da wasu ta intanet. Masu kwamfuta kuwa suna da shagon Epic Games, wanda tun Disamban 2018 yake bayar da wasanni ba tare da kuɗin rajista ba, kuma wanda ya ɗauka ya zama nasa.

Tarkunan da ake faɗawa

Na farko shi ne sabuntawar kai-tsaye. Rajistar tana cire kuɗi da kanta idan wa'adi ya cika, matuƙar akwai kuɗi a asusun ko an haɗa shi da kati, sai idan mai shi ya shiga ya kashe wannan zaɓi.

Na biyu shi ne sayen asusun haɗaka, inda wani ke sayar wa mutane da dama damar shiga asusu guda a farashi mai rahusa. Mai asusun na asali yana iya sauya kalmar sirri a kowane lokaci, kamfanin kuma yana iya rufe asusun saboda saɓa ƙa'ida, kuma wanda ya biya ba shi da inda zai kai ƙara.

Na uku ya shafi na'urorin da aka buɗe domin loda wasanni na sata. Haɗa irin wannan na'ura da intanet yana iya jawo a haramta mata shiga tsarin baki ɗaya. Mai sayen na'ura ta hannu ya dace ya gwada shiga asusu a gaban mai sayarwa kafin ya miƙa kuɗi.

Abin da ya rataya a wuyan iyaye

Rabon wata ba ya la'akari da shekarun yaron da ke gida. A wata ɗaya ana iya haɗa wasan tsere da wasan yaƙi mai zubar da jini. Kowane wasa yana ɗauke da alamar shekaru, inda tsarin Turai ke amfani da lambobi 3, 7, 12, 16 da 18. Na'urar kuma tana ba iyaye damar buɗe wa yaro asusu a ƙarƙashin nasu, su ƙayyade sa'o'in wasa, nau'in wasannin da zai buɗe da kuɗin da zai kashe a wata.

Akwai dalilin sa ido. A 2018 hukumomin ƙasar Beljiyam suka ayyana sayen akwatunan sa'a na cikin wasanni, waɗanda mai saye bai san abin da ke ciki ba sai ya biya, a matsayin caca. A 2019 kuma Hukumar Lafiya ta Duniya ta sanya jarabar wasan bidiyo a jerin cututtukan da ta amince da su, wato halin da wasa ke rinjayar karatu, aiki da barcin mutum na tsawon lokaci.

Kafin a biya, ya dace mai na'ura ya tabbatar da ƙasar asusunsa, ya duba ko rabon watan yana aiki a kan irin na'urarsa, ya haɗa kuɗin data da na mai a cikin lissafi, sannan ya fara da wata ɗaya kafin ya ɗaure kansa da shekara. Idan wasa ɗaya ne tak yake bugawa tare da abokai a ɗaki, sayen faifansa ya fi masa araha.